Kotu ta rufe ƙararmu saboda an saki ƙanena, shin cutarmu aka yi?

Wa alaikumus salam Alhaji, Allah ya ƙara kiyayewa, ya kuma ba ƙanen naka lafiya. Na karanta saƙonka har ƙarshe, kuma tambaya biyu ce a ciki duk da kai ka ɗauke ta ɗaya. Ta farko kace ƙanenka direba ne yana ɗauko kaya daga Apapa, aka yi rigimar kaya sun ɓata, 'yan sanda suka tsare shi fiye da sati biyu ba a kai shi kotu ba, kuka ɗauki lauya ya shigar da ƙara a Babbar Kotun jiha dake Ikeja, kafin ranar zama sai aka sake shi, da aka zo zama lauyan ɗaya ɓangaren ya miƙe yace ai mutumin yana gida, alƙali ya rufe fayil a cikin minti kaɗan, shine kake tambaya ko lauyanku ya sayar da ku. Ta biyu kuma bashin kuɗin albasa ne da kake bin wani a Mile 12, ka kai shi kotu, daga baya shugabannin kasuwa suka shiga tsakani ya biya rabi, saura zai riƙa biya a hankali, kana so ka san ko ka daina zuwa kotun kawai tunda an daidaita.

Toh bari in fara da abinda zai kwantar maka da hankali. Rufe fayil irin wannan abu ne da doka ta sani, kullum ana yinsa a kotunan Legas da ma ko'ina, shi kaɗai baya nuna an karɓi kuɗi ko an haɗa baki. Amma ko an yi muku daidai a wannan shari'ar taku, wannan ba zan iya yanke maka daga nan ba sai an buɗe takardar da lauyanku ya shigar an ga me ya roƙa, domin duk maganar a nan take.

Kotu bata bawa mutum abinda bai roƙa ba. Duk ƙarar da aka shigar akwai wurin da ake jera buƙatu, na ɗaya kaza na biyu kaza, kuma alƙali a cikin wannan jerin yake aiki, baya fita. Haka kuma kotu bata zama ta yanke hukunci a kan abinda in ta yanke ba wanda zai amfana ba wanda zai rasa komai, alƙalanmu suna kiran irin wannan shari'ar da ta koma muhawarar makaranta kawai, kuma kotun ƙoli ta sha maimaita cewa wannan ba aikinta bane. To ka haɗa waɗannan biyun. Idan abinda lauyanku ya rubuta shine kotu ta bada umarni a saki ƙanenka ko a gurfanar da shi, shikenan ba wani abu, to ranar da ya taka ƙafarsa waje ƙarar ta mutu da kanta, alƙali zai umarci wa ya saki wa? Mutum yana gida yana cin tuwo. A nan alƙali bai yi kuskure ba, in ma akwai gyara to a wajen rubuta takardar ne tun farko.

Amma idan a cikin buƙatun akwai cewa kotu ta bayyana tsarewar da aka yi masa haramtacciya ce, kuma a biya shi diyya, to wallahi sakinsa bai kashe ƙarar ba ko kaɗan. Sashe na 35 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ce wanda aka kama a kai shi kotu cikin lokacin da ya dace, ya kuma fassara lokacin, kwana 1 in akwai kotu a cikin tazarar kilomita 40, in babu kwana 2 ko abinda kotu ta ga ya dace. Ka faɗa min wane lungu ne a Legas da zaka yi kilomita 40 baka tarar da kotun majistare ba. Sannan ƙaramin sashe na 6 na wannan sashen ya ce wanda aka kama ko aka tsare ba bisa ƙa'ida ba yana da haƙƙin diyya da neman afuwa a bainar jama'a. Kwanakin da yayi a kulle sun riga sun faru, sakinsa baya goge su, motarsa ta tsaya, iyalinsa sun shiga wani hali, wannan duk abu ne mai rai da kotu zata iya aunawa ta sa masa kuɗi. Kuma abinda yake damuna kenan a irin waɗannan shari'un, an gane cewa da zarar takardar kotu ta iso sai a yi maza a saki mutum don a zo a ce babu sauran magana, mu kuma mutanenmu da murnar ganin ɗan uwa ya dawo sai a ce Alhamdulillahi a bar wa Allah. Barin wa Allah zaɓinku ne kuma ba mai zarginku, amma ya zama kun bari ne da saninku, ba wai an ce muku doka ce ta rufe ƙofa ba.

Don ka ga ba ƙananan mutane kawai abin yake samu ba. A watan Mayun 2004 Obasanjo ya sa dokar ta-ɓaci a jihar Filato, ya dakatar da Gwamna Joshua Dariye da majalisar jiha, ya naɗa Janar Chris Alli kantoma na wata 6. An kai ƙara kotun ƙoli da sunan jihar, amma hukunci bai fito ba sai 2006, lokacin dokar ta-ɓacin ta daɗe da ƙarewa Dariye ya koma kujerarsa, kotun ta soke ƙarar ba tare da ta taɓa ainihin tambayar ko shugaban ƙasa yana da ikon dakatar da gwamna ba, kuma har yau lauyoyi wannan shari'ar suke ɗaukowa in suna so su nuna cewa magana ta wuce lokacinta. Ni a ra'ayina ƙasa tayi asara a nan, domin tambayar bata mutu ba, ta sake dawowa daga baya, da an amsa ta tun lokacin da an huta. Ƙararrakin zaɓe kuma nasu ma yafi tsanani, sashe na 285 na tsarin mulki ya ba kotun sauraron ƙarar zaɓe kwana 180 daga ranar shigarwa, ɗaukaka ƙara kwana 60, in lokacin ya cika ko kana da gaskiya kamar me fayil ya rufu.

Sai dai akwai iyaka, kuma wannan iyakar ita nafi so mutanenmu su riƙe. Wanda kake ƙara bashi da ikon ya kashe ƙarar da hannunsa sannan ya zo yace ta mutu. A nan Legas aka yi shari'ar da ta kafa wannan, ta Ojukwu da gwamnatin soja ta jihar kan wani gida a Ikoyi, magana tana gaban kotu gwamnati ta tura jami'ai da makamai suka fitar da shi, kotun ɗaukaka ƙara tace a mayar da shi, gwamnati bata bi ba ta wuce kotun ƙoli, a 1986 kotun ƙoli tayi fatali da roƙonta tace ba za ka taka umarnin kotu sannan ka zo kana neman alfarmarta ba. Haka a 2007 a jihar Ribas, an cire sunan Rotimi Amaechi daga takarar gwamna aka sa Celestine Omehia, Amaechi yana kotu aka yi zaɓe har aka rantsar da Omehia, aka zo ana cewa ai zance ya ƙare tunda an yi zaɓe, a watan Oktoban shekarar kotun ƙoli tace bai ƙare ba, ta sa aka rantsar da Amaechi. Saboda haka mai shago a Agege ko Idi-Araba da ya kai mai gida kotu don kar a fitar da shi, mai gidan ya zo da daddare ya cire rufi ko ya watsar da kaya sannan lauyansa yace babu sauran abin shari'a, wannan ba a yarda da shi, lauya mai himma zai nemi a mayar da abu yadda yake ko ya gyara buƙatunsa ya nemi diyya.

Yanzu abu na biyu da zaka bincika, kuma yafi na farko gaggawa, wane irin rufewa aka yi. A bakin mutane duk ɗaya ne, an kori ƙara, an yi watsi da ƙara, har a labaran rediyo haka ake haɗe su. A wajen doka iri biyu ne masu nisa da juna. Akwai sokewa, wato an cire shari'ar daga jerin shari'un kotu ba tare da an auna gaskiyar kowa ba, wannan ƙofa a buɗe take, zaka iya roƙon a dawo da ita ko ka shigar da sabuwa. Akwai kuma kora, wadda a mafi yawan lokuta ake ɗaukarta kamar an yi shari'a an gama, ba zaka sake kawo wannan maganar a kan wannan mutumin ba, sai dai ka ɗaukaka ƙara. Kar ka dogara da abinda aka fassara maka a bakin ƙofar kotu ana sauri. Kuje rajistiri, wato ofishin ajiye takardun kotun, ku nemi kwafin umarnin da alƙali ya bayar mai hatimin kotu, ana biyan kuɗi kaɗan a bada rasit, lauya ya karanta maka ainihin kalmar da aka rubuta, sannan ya nuna maka ko alƙali ne ya rufe da kansa ko lauyanku ne ya miƙe yace ya janye. In shi ya janye bai tambaye ku ba alhali akwai buƙatar diyya a ciki, kuna da haƙƙin ku tambaye shi dalili, cikin mutunci, wataƙila yana da hujja, misali ya ga akwai takardar majistare da ta bada izinin tsarewar, wanda hakan yana canza lissafi sosai.

In sokewa ce, labari mai daɗi shine ƙa'idojin kare haƙƙin ɗan Adam na 2009 sun ce irin wannan ƙarar bata da wa'adin da zata lalace, ƙanenka zai iya shigar da sabuwa ya nemi diyya. In kora ce kuma kuna ganin ba a yi daidai ba, wata 3 kuke da shi ku ɗaukaka ƙara daga ranar hukunci, in ya wuce sai an roƙi ƙarin lokaci da dalili. Gaskiya guda da ba zan ɓoye maka ba, samun hukuncin diyya a kan hukuma abu ɗaya ne, karɓar kuɗin a hannu wani dogon aiki ne daban, ku shiga da sanin haka.

Kuma dan Allah ku duba wani abu da mutane suke mantawa. Ƙarar da kuka shigar daban, binciken da ake yi wa ƙanenka daban. Rufe taku bai rufe tasu ba. In belinsa aka bayar, to har yanzu akwai wanda ya tsaya masa ya sa hannu, kuma in aka neme shi bai je ba wannan bawan Allahn za a damƙa. Ku san matsayin fayil ɗin, an rufe bincike ne, ko an tura ofishin daraktan gabatar da ƙararraki na ma'aikatar shari'a don shawara, ko za a gurfanar da shi. Ko da an kai kotu daga baya mai ƙara ya janye, akwai bambanci tsakanin a sallami mutum kawai da a wanke shi, wanda aka sallama ana iya sake ɗauko maganar, wanda aka wanke tsarin mulki ya hana a sake yi masa shari'a a kan laifin. Babban lauyan jiha ma yana da iko a sashe na 211 ya tsayar da shari'ar laifi kafin hukunci, amma ita ma sallama ce ba wankewa ba.

Sai maganar bashin albasa. Alhaji kar ka daina zuwa kawai. Na san haka akasari muke yi, dattawa sun zauna, an yi addu'a an sha hannu, kowa ya kama gabansa, fayil kuma yana can a kotu ba wanda ya koma ya faɗa wa alƙali komai. Sulhun nan alheri ne kuma ni ina goyon bayansa ɗari bisa ɗari, abinda sarkin Hausawa ko shugabannin kasuwa zasu kashe a zama biyu kotu tana iya shekara tana juya shi, amma barin fayil a buɗe kashe maciji ne ba a sare kansa ba. Ga abinda zai faru. Za a kira shari'a baka nan, a ɗaga, a sake kira baka nan, lauyan wancan ya miƙe yace mai ƙara ya gudu, alƙali ya soke ta, wataƙila har ya ɗora maka kuɗin ɗawainiyar da ka jawo wa wanda kake ƙara, kai da kake bin bashi ka koma ana binka. Ko ba wanda ya roƙa ma, ƙa'idojin Babbar Kotun Legas na 2019 sun ce shari'ar da ta yi wata 12 ba a yi komai a kanta ba kotu ta soke ta da kanta. In kuma mutumin ya shigar da tasa ƙarar a cikin taka, yace ai shi ma yana binka kuɗin buhunan da suka ruɓe, to taka ce zata mutu tasa ta ci gaba, a yi hukunci baka nan. Sannan ranar da ya daina biyan sauran rabin me ke hannunka? Shaidar dattawa da baki, wani ya koma gida Arewa, wani ya manta adadin.

Hanyar da ta dace mai sauƙi ce kuma bata da tsada. A rubuta yarjejeniyar sulhun, nawa ne asalin bashin, nawa aka biya, nawa ya rage, duk ranar nawa ga wata za a biya kuma ta wane asusun banki, me zai faru in aka tsallake biya ɗaya, ku biyu ku sa hannu da lauyoyinku, a shigar da ita kotu a roƙi alƙali ya mayar da ita hukuncin kotu bisa yardar ɓangarori. Mu da addininmu ya umarce mu da rubuta bashi a ayar da tafi kowacce tsawo a Alƙur'ani bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. Da zarar alƙali ya amince, fayil ya rufu, ba sauran zirga-zirga a gosulon Ikorodu Road don zuwa zama, amma takardar dake hannunka hukunci ce cikakkiya, in ya saɓa ba sabuwar shari'a zaka fara ba, kai tsaye zaka nemi a aiwatar, a kama kuɗin dake asusunsa ko kayansa. Shi ma ta kare shi, domin baka da damar ka dawo gobe kace kuɗin sun fi haka. Irin wannan hukuncin ba a ɗaukaka ƙara a kansa sai da izinin kotu, shi yasa nake cewa a karanta maka kowane layi da Hausa kafin ka sa hannu. Alƙalan Legas suna maraba da wannan, jihar ce ma ta fara kafa cibiyar sulhu a jikin kotu tun 2002, kuma kotu da kanta tana tura shari'u can.

In da ace ya biya duka ne, to sai lauyanka ya shigar da takardar janyewa kawai. Amma ita ma janyewa tana da lokaci. Tun da wuri, kafin wancan ya kawo martaninsa ko kafin ka ɗauki wani mataki bayan ya kawo, zaka iya janyewa da takarda ba sai an baka izini ba. In shari'a tayi nisa, an yi musayar takardu ko an fara jin shaidu, sai da izinin alƙali, kuma a nan yana iya cewa ba sokewa zai yi ba kora zai yi, don kar mutum ya ga alamar zai faɗi ya janye ya je ya gyara shiri ya dawo. Wannan shine dalilin da yasa a halin da kake ciki, da rabin kuɗinka a waje, janyewa tsurarta haɗari ce, kana iya janyewa a kore ta, ya daina biya, ka dawo a ce maka ƙofa a rufe take. Ko sokewa aka yi ma ka tuna bashi na yarjejeniya a Legas shekara 6 ne wa'adin kai ƙararsa, fili shekara 12, kar a yi ta jan ka da gobe jibi har lokaci ya tafi.

Wani ƙaramin abu amma yana wahalar da mutane sosai, umarnin wucin gadi. In a farkon shari'ar kotu ta sa an riƙe asusun wani a banki, ko ta hana sayar da mota ko taɓa kaya a sito, banki bai san kun sha hannu a kasuwa ba, takarda ya gani ya rufe kuma takarda zai gani ya buɗe. A sa a cikin yarjejeniyar cewa an ɗage duk wani umarni na baya, a karɓi kwafi mai hatimi a kai musu. Na ga 'yan kasuwa da kuɗinsu ya kwanta watanni a asusu bayan rigima ta mutu, don kawai ba wanda ya koma ya karɓo wannan takardar.

Baka faɗa min a wace kotu bashin yake ba. In bai wuce naira miliyan 5 ba, nan gaba ka sani akwai kotun ƙananan basuka da Legas ta buɗe a kotunan majistare a 2018, fom ake cikewa, mutum yana iya tsayawa da kansa ba lauya, kuma an tsara ta ne a gama cikin kwana 60. A can ma in an sasanta ana rubutawa alƙali ya amince.

Abinda zaka yi a satin nan, ka samu lauyan ƙanenka ya baka kwafin takardar da ya shigar tun farko da kwafin umarnin ranar da aka rufe, ka duba kwanan watan dake jiki ka fara lissafin wata 3 daga nan ko da ba zaku ɗaukaka ba. Na bashin kuma ka gano ranar zama na gaba, kaje ko lauyanka yaje ya shaida wa alƙali ana kan sulhu a bada lokaci a kawo yarjejeniya a rubuce, alƙalai suna bada irin wannan ɗagin ba tare da wahala ba. In ka samu takardun biyu na ƙanen naka ka rubuto min abinda ke cikin jerin buƙatun da kalmar da alƙali yayi amfani da ita, ka rufe sunaye da lambar shari'a, sai in faɗa maka ko sabuwar ƙara ce ta fi muku ko ɗaukakawa.